Tsarabar Miyar Wake: Yadda Za A Haɗa Ta Don Ta Isa Lafiya

Daga Malamin Gona

Manoma 'yan'uwa, kaka ta yi, wake ya shigo gida. Wanda ya shuka mai saurin nuna ya buge nasa tun watan Oktoba, masu Kanannado kuwa yanzu su ke roro. Nan da 'yan makonni za a shiga aike-aike, kowa na so ya tuna da nasa da ke nesa: ɗa a makaranta, 'ya a gidan miji, suruki a birni, ɗan'uwa mai fatauci a Ikko ko a zangon Kumasi.

Yadda mu ka saba yi kowa ya sani. A auna mudu biyu ko uku, a zuba a tsohon buhu, a miƙa wa direba a tasha. In ya isa a yi godiya, a jingine shi a lungun ɗaki. Bayan wata guda uwargida ta kwance bakin buhun, sai ƙwari su tashi mata a fuska. Kunya ba za ta bar su su gaya maka ba. Sai su watsa wa kaji, kai kuwa kana nan kana tsammanin an ci an sa maka albarka.

Abin da na ke so in kawo muku a makon nan shi ne wata hanya dabam ta yin wannan aike. A gyara waken tun daga gida, a cire ɓawonsa, a haɗa masa busasshen kayan miya a ƙulli guda, a rufe cikin kwalba. Wanda aka kai wa ba abin da zai nema sai ruwa da gishiri da ɗan manja, ya sami miyar wake ta cin tuwon shinkafa. Duk matar da ta taɓa yin wannan miya ta san ba dahuwar ce wahalarta ba, surfe da wanki da cire hancin wake su ne aikin. To, wannan aikin ne ka ɗauke wa mai jego, ko ɗalibin da ba shi da turmi, ko malam akawu da ke zaune shi kaɗai a gidan haya. Ga shi kuwa kusan kashi ɗaya cikin huɗu na nauyin wake abin gina jiki ne zalla, watau a gidan da nama ya yi wuya kwanon miyar wake ba ƙaramin taimako ba ne.

Haɗin ba wuya gare shi ba. Inda a ke faɗuwa wuri uku ne: ƙwaro, da guba, da laima.

ƘWARON WAKE

Mutane da yawa sun ɗauka a rumbu ko a kasuwa ƙwaro ke shiga wake. Tun daga gona ya ke biyo shi. Sa'ad da kwanson wake ya fara bushewa a jikin uwa, macen ƙwaron ta kan zo ta yi ƙwai a kansa, in kuwa kwanson ya tsage sai ta yi a kan ƙwayar kanta. Ɗauki hannu guda na wake ka duba a rana. In ka ga ɗigo-ɗigo fari ƙanƙane manne a jikin ɓawo, wanda ba ya faɗuwa in ka hura, ƙwan ke nan. Tsutsa ta kan ƙyanƙyashe ta huda ta ƙarƙashin ƙwan ta shige ciki kai tsaye, ba ta fitowa fili balle ka gan ta. Can ciki za ta ci ta girma ta rikiɗe. Cikin mako 3 zuwa 4, in da ɗumi, sai sabon ƙwaro ya yanke ƙofa zagayayya ya fito. Hujin nan da ka ke gani, ba ta nan ya shiga ba, ta nan ya fita.

Mace guda ta kan yi ƙwai da dama, har ta kusa 100, ita kuwa ba ta wuce mako ɗaya ko biyu a duniya. Ka lissafa da kanka: kowane wata sabon zuri'a, kowace mace da 'ya'yanta gommai. Shi ya sa buhun da ka ɗinke a Disamba ba ka ga ko huji ɗaya ba, kafin damina ta sauka da wuya ka tsinci ƙwayar kirki a ciki. Da Hausawa su ka ce wake ɗaya shi ke ɓata gari, a nan ma maganar ta zauna daidai.

Wani zai ce ai shi sabon iri ya shuka, SAMPEA 20-T, wanda Cibiyar Binciken Noma ta Samaru ta fitar a 2019, wanda tsutsa ba ta ci. Gaskiya ne, amma tsutsar fure da kwanso ta gona aka yi shi domin ta. Ƙwaron ajiya dabam ne, ba ruwansa da wannan, zai ci shi kamar yadda ya ke cin Ɗan Ila.

MAGANAR GUBA

Tsoron ƙwaron nan ne ya jefa mutane cikin abin da ya fi ƙwaron muni. Ana yayyafa wa wake fiya-fiya da ire-irensa, magungunan da aka yi don sauro da kyankyaso ko don feshin gona, sa'an nan a ɗinke a kai kasuwa. A 2008 ɗalibai fiye da 100 na wata makarantar 'yan mata a Jihar Gombe sun kwanta asibiti bayan sun ci wake, da aka bincika aka sami maganin ƙwari a ciki. A 2015 Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen wake daga Nijeriya saboda yawan sinadarin dichlorvos, watau gubar da ke cikin fiya-fiya, a 2016 kuma ta ƙara wa hanin shekara 3. Mu ne kan gaba a duniya wajen noman wake, Nijar na bin mu, amma hannunmu ya rufe mana wannan kasuwa.

Don haka sharaɗi na farko na wannan tsaraba: waken da magani bai taɓa ba. Ragowar irin shuka da aka gauraya da magani, wanda za ka ga ya yi ja ko shuɗi, kada ya kusanci tukunya ko da an wanke shi sau goma. Manomi ya ɗebi na tsaraba daga sabon bugu, kafin a yi wa sauran komai.

Kai malam akawu da ba ka da gona, saya yanzu da kaka, a hannun manomin da ka sani in da hali. In a kasuwa ne, tura hannu tsakiyar buhu ka ɗebo ka sansana. Wake mai lafiya ƙamshin ƙasa da kwanso ya ke yi. In ka ji wari mai hawa kai, ko ka ga matattun ƙwari da yawa a gindin kwano, wuce gaba. In kuwa bazara ta yi ka ga wake fes ba huji ko ɗaya, tambayi mai shi a cikin me ya ajiye. Ɗan kasuwar kirki zai nuna maka buhun. Akwai buhun nan mai riɓi uku da a ke kira PICS, leda biyu masu kauri a ciki da buhu a waje, wanda masanan Jami'ar Purdue ta Amurka su ka soma gwadawa tare da ma'aikatan binciken noma na Marwa a arewacin Kamaru, aka shiga yaɗa shi a ƙasashenmu daga 2007. In an ɗaure shi da kyau ƙwarin su kan shanye iskar ciki su mutu da kansu, ba a sa ko ɗigon magani. Ana yin sa a Kano, ana kuma samunsa a Dawanau da sauran manyan kasuwannin hatsi.

GASHI DA RANA

Waken tsaraba kaɗan ne, mudu biyar ko goma, saboda haka rana ta ishe mu. Amma shanya irin ta kullum a kan tabarma ba ta kashe tsutsar da ke cikin ƙwaya, manyan ƙwarin kawai ta ke kora. Abin da masu bincike su ka tabbatar shi ne, in zafi ya kai digiri 57 a ma'aunin Salshiyas ya daɗe awa guda, to, ƙwai da tsutsa da babban ƙwaro duka sun mutu. Ga yadda za ka kai ga wannan zafin.

Nemi fili inda inuwa ba ta zuwa. Shimfiɗa busasshiyar ciyawa ko harawa a ƙasa, don kada ƙasa ta janye zafin. Shimfiɗa baƙar leda a kai, ka baza waken, kada kaurinsa ya wuce yatsu biyu. Sa'an nan ka rufe da farar leda wadda a ke ganin abu ta cikinta, ka naɗe bakin ledojin biyu tare, ka danne da duwatsu ko'ina, kada iska ta sami ƙofa. A bar shi awa 2 cur a tsakiyar rana, tsakanin ƙarfe 11 da ƙarfe 2. In ka sa hannu ciki ka ji ba ka iya daɗewa, aiki ya yi. Sai dai a lura, yanzu hunturu ne. Ranar da hazo ya rufe gari ba ranar wannan aiki ba ce, a jira ranar da sama ta washe. Wannan gashi ba ya ɓata ɗanɗano, ba ya sa wake ƙin dahuwa.

Mai firiji kuma yana da tasa hanyar. Ya ƙulle waken a leda ya sa wurin ƙanƙara mako guda, in wuta ta tsaya ke nan. In ya fitar kada ya kwance sai sanyin ya sake shi sarai, in ba haka ba raɓa za ta kwanta a jikin waken.

Bayan gashi a tabbata ya bushe. Tsofaffi da haƙori su ke gwadawa: in ya fashe ƙaras ya bushe, in haƙori ya nutse da saura. Akwai kuma gwajin gishiri. Sami busasshiyar kwalba, zuba wake kamar sulusinta, ka ƙara cokali biyu na gishirin da aka shanya ya bushe ƙwarai. Rufe ka girgiza, ka ajiye minti 15, ka sāke girgizawa. In gishirin ya manne a jikin kwalbar, a mai da wake rana.

Wane iri za a ɗauka? Ni farin wake na fi so ga miya, don ya fi saurin narkewa, miyar kuma ta fi kyan gani. Jan waken Borno ya fi zaƙi, masu son sa ba su da laifi. Abin da ban yarda da shi ba shi ne gauraye-gauraye don kwalba ta yi ado. Waken suya da gurjiya suna cin wuta ninkin abin da wake ke ci, in ka haɗa su tukunya guda ɗaya zai zama kunu ɗaya na nan kamar tsakuwa. Haka sabon wake da na bara. Waken da ya kwana damina cikin zafi da laima ya kan taurare, sai an yi ta zuba masa kanwa, ita kuwa kanwa in ta yi yawa ta kan lalata wani ɓangare na bitamin da ke cikin waken.

Yanzu aiki ya koma hannun uwargida. A tsince tsakuwa da mai huji da wanda ya yi baƙi. Sa'an nan a ɓarza shi a bushe, ko a dutsen niƙa ko a inji. In inji za a kai, a gaya wa mai injin ya saki haƙoran, rabawa biyu a ke so, ba gari ba, ya kuma share injin in ya niƙa jiƙaƙƙen abu kafin naku. A dawo a bakace a faifai, ɓawon da hancin su fita, a tankaɗe garin da rariya a ajiye shi don ɗanwake. Dusar ta awaki ce. Na san waɗansu sun fi son a jiƙa a surfa a turmi a wanke, ya kuwa fi fita tas. Amma wanda za a ci yau a ke yi wa haka. Waken da ya sha ruwa, in bai sāke bushewa har ciki ba aka rufe shi, cikin 'yan kwanaki zai yi tsami ya yi fumfuna.

Ɓarzar nan tana da wani amfani. Ƙwan da ke manne a ɓawo ya tafi da ɓawon, tsutsar da ta rage a ciki kuma ta tonu. Amma kada a saki jiki, don akwai ɗan jan ƙwaron nan na gari wanda ba abin da ya ke so kamar fasasshen hatsi. Da an gama bakace a rufe, kada ya kwana a buɗe a ɗakin da a ke ajiye dawa ko garin masara.

ƘULLIN KAYAN MIYA

Ga awon da na ke bayarwa na tukunya guda, wadda za ta ishi mutum 6 zuwa 8. Ɓarzajjen wake gwangwanin madara 3. Garin kauɗar tumatir babban cokali 3, na busasshen tattasai cokali 2, dakakkiyar daddawa cokali 2, gabu cokali 1. Barkono ƙaramin cokali 1, citta rabinsa, masoro da kanumfari ɗan abin da yatsu za su ɗauka. In mai jego za a kai wa, uwayenta za su ce a ƙara yaji, wannan kuwa na bar musu. In gida mai ƙananan yara ne, a ƙulle barkonon dabam su sa yadda su ke so.

A nan ne laima ta ke shigowa. Kauɗar kasuwa sau da yawa a bakin hanya aka shanya ta, da ƙura da yashi, wata kuma ta yi baƙi don ba ta bushe da wuri ba. Gara ku yanka naku tumatir ku shanya a kan tabarma mai tsabta bisa rumfa, iskar hunturu za ta busar da shi cikin 'yan kwanaki. Barkono da citta a fasa a duba ciki. Wanda ya yi fumfuna a zubar, kada a ce dahuwa za ta gyara, domin dafin da fumfuna ke bari yana taɓa hanta, tafasa kuma ba ta kashe shi. Daddawa ita ce ta fi kowa riƙe danshi. A marmasa ta a shanya kwana biyu ko uku har ta yi ƙaras kafin a daka. Ta kalwa ta fi ƙamshi, ba na jin akwai mai gardama a kan wannan.

Abu uku ba sa shiga ƙullin. Gishiri, don yana jawo laima daga iska ya dunƙule sauran. Gyaɗa da duk wani mai maiƙo, don in ya daɗe ya kan sāke wari ya yi maƙaƙi. Sai busasshen kifi. Na sani miyar wake da banda ba a magana, amma kifi na da nasa ƙwaron, waɗansu masu sayarwa kuma suna fesa masa irin maganin da mu ke gudu. Wanda aka kai wa ya nemi kifinsa da kansa.

Kayan miyan nan a ƙulle su a ƙaramar leda, a matse iskar, a ɗora a saman waken. Kada a gauraya su da shi, don ba lokaci guda su ke shiga tukunya ba, wake kuma sai an ɗauraye shi kafin a ɗora.

Mazubi kuwa, kwalba mai murfin murɗawa ta fi, ko gwangwani mai murfi, ko ƙaramar jarka. A wanke a kife a rana yini guda. Jarkar da ta taɓa ɗaukar fetur ko kananzir ko maganin feshi ta haramta ga abinci har abada, kome wankin da aka yi mata. A cika har wuya, ana yi ana bubbuga gindin a ƙasa don waken ya zauna, saboda iskar da ta rage a ciki ita ce abincin duk ƙwaron da ya tsira. A shimfiɗa 'yar leda a bakin kafin a murɗa murfi. In ba kwalba, leda biyu masu kauri, a ɗaure ta ciki dabam ta waje dabam, sa'an nan a gargaɗe su da ɓera. Tukunya guda kwalba guda ya fi, don wadda aka buɗe a gama da ita. Daga nan uwargida na iya sa kwalaben a kwando ta rufe da sabon faifai, yadda kayan za su shiga gidan surukai da mutunci.

Kada a manta da takarda. Ko da boko ko da ajami, a rubuta ranar da aka haɗa, da yadda za a dafa, don ɗalibi namiji ba lalle ne ya sani ba. A ɗauraye waken sau ɗaya. A ɗora da ruwa ninki huɗu na waken, a kwashe kumfar da ta taso don kada ta zube. Ba ya bukatar kanwa sai ɗan ƙanƙane, ko ma a bar ta. In ya yi laushi, wajen minti 40 zuwa awa guda, a burga da maburgi har ya narke. Sa'an nan a zuba ƙullin da manja da gishiri, da nama ko kifin da aka riga aka dafa in akwai, a rage wuta a ba shi minti 15 ana motsawa, don miyar wake ba ta da wuyar kamu a gindin tukunya. A ƙarshen takardar a rubuta cewa a cinye kafin damina. Waken zai iya wuce haka in murfin na da kyau, amma ƙamshin kayan miyan ya kan soma gudu bayan wata 3.

'Yan kasuwa za su ga akwai ciniki a nan, akwai kuwa, musamman a garuruwan da ke da manyan makarantu da ma'aikata. Sai dai kyauta dabam, sayarwa dabam. Wanda zai ƙulla abinci ya sa masa suna ya kai kanti, sai ya yi rajista da hukumar NAFDAC. Wanda kuma zai ba matafiyi ya kai ƙasar waje ta jirgin sama, ya tambayi dokar ƙasar tukuna, don ƙasashe da yawa ba su yarda a shigar musu da hatsi ko iri ba, a filin jirgi za a karɓe.

A tasha ka tsaya ka ga inda yaron mota ya sa kayan. Kada a ɗora su kusa da jarkar mai ko buhun takin zamani, kada kuma a danne kwalba da buhun masara. Daga cikin abin da ka haɗa ka ajiye kwalba guda a gidanka, ka rubuta mata rana ɗaya da sauran. In wata ya cika ka ɗaga ta a haske ka duba. In ka ga gumi a jikin kwalbar ta ciki, ko wani abu na motsi, ka aika musu su buɗe nasu su shanya, su dafa cikin makon nan.